Labarin Jackie Robinson, Gwanin Wasan Besbol

Kowace ƙasa da irin wasan da mutanenta suka fi so. Yaran Wurno, da na Birnin Kudu da Gwaram, sun san langa da kokawa, sun kuma san ƙwallon ƙafa. To, can a ƙasar Amurka akwai wani wasa da a ke kira besbol, wanda mutanen wurin suka daɗe suna ji da shi ƙwarai. An yi gwanaye masu yawa a cikin wannan wasa, amma babu wanda a ke tunawa da shi kamar wani baƙar fata mai suna Jackie Robinson. Sunansa na fari Jeki a ke faɗinsa. Ya rasu tun cikin shekarar 1972, amma har yanzu akwai rana guda a kowace shekara da aka keɓe domin girmama shi. Kafin a gane abin da ya yi har ya sami wannan daraja, sai an san yadda wasan ya ke.

YADDA A KE WASAN

Da ƙwallo da kulki a ke yin besbol. Ƙwallon ƙarami ne, bai wuce lemon zaƙi girma ba, amma yana da tauri, an ɗinke shi da fata. Kulkin kuwa na itace ne, tsawonsa ya kusa yadi guda. Ƙungiya biyu ke karawa, kowace da mutum tara. In ɗaya tana bugu, ɗayar tana tsaron fili, sa'an nan su yi musanya.

A cikin filin akwai zango huɗu da suka yi kusurwa huɗu, tsakanin kowane zango da na gabansa ƙafa 90 ne. Guda ana kiransa gida, sauran kuwa zango na ɗaya, da na biyu, da na uku. Mai bugu ya kan tsaya a gida riƙe da kulki. Mai jifa na abokan karawa ya tsaya a tsakiya, ya jefo ƙwallo da iyakar ƙarfinsa. In mai bugu ya dace ya buge ƙwallon, sai ya yar da kulki, ya sheƙa zuwa zango na ɗaya. Zangon nan kamar wurin sha ya ke a wasan langa, muddin ƙafar mutum tana kansa ba mai ikon fid da shi. Daga nan sai ya jira na bayansa ya yi nasa bugun, shi kuma ya ƙara gaba. Duk wanda ya bi zango ukun nan ya komo gida, ya ci wa ƙungiyarsa ɗaya ke nan.

Su kuwa masu tsaro, aikinsu su fid da masu bugu. In suka cafe ƙwallo tun bai taɓa ƙasa ba, mai bugu ya fita. In suka riga shi kai ƙwallo zango na ɗaya, ko suka taɓa shi da shi a tsakanin zango da zango, ya fita. In ya kuskure bugu sau uku, ya fita. Da an fid da mutum uku sai a yi musanya, haka har sau tara. Buge ƙwallon nan ba abu ne mai sauƙi ba. Wanda ya dace sau uku a cikin tsayawa goma, ana lissafa shi cikin gwanaye.

Ban da mai jifa, da mai cafewa wanda ke tsugune bayan mai bugu, akwai mutum uku can nesa wajen shinge, su ne 'yan bayan fili. Akwai kuma mutum huɗu kusa, su ne 'yan cikin fili. Uku suna tsaron zango uku, na huɗun yana tsayawa tsakanin zango na biyu da na uku. Aikin 'yan cikin fili da wuya ya ke, gama ƙwallo ya kan zo musu a guje yana tsalle a ƙasa, ba a san inda zai karkata ba. Tilas mutum ya kasance mai kaifin ido da saurin hannu, ya tsince ƙwallo ya jefa wa ɗan'uwansa kafin ƙiftawa da bismilla. Ga kuma masu gudu, su kan zo su zame da ƙafafu gaba, takalmansu da ƙusoshi a ƙasa. Wannan shi ne aikin Robinson, kuma wuraren nan huɗu babu inda bai tsaya ba a zamanin wasansa.

ƘURUCIYARSA

An haifi Jackie ran 31 ga watan Janairu 1919, kusa da wani ƙaramin gari mai suna Cairo, a jihar Jojiya, kudancin Amurka. Shi ne auta cikin 'ya'ya biyar. Iyayensa talakawa ne, suna aiki a gonar wani farar fata, irin noman nan da a ke ce wa noma-mu-raba. Kakannin kakanninsa daga Afirka aka kwaso su aka bautar da su. An hana bauta a Amurka tun 1865, amma wulakanci bai ƙare ba. A jihohin kudu doka ta raba baƙar fata da farar fata a kome. Makarantarsu dabam, masaukinsu dabam, wurin zamansu a mota dabam, har famfon shan ruwa dabam.

Jackie yana jariri ubansa ya bar gida, bai komo ba. Uwarsa, sunanta Mallie, mace ce mai himma da tsoron Allah. Cikin 1920 ta kwashe 'ya'yanta, suka shiga jirgin ƙasa, suka yi doguwar tafiya zuwa garin Pasadena a jihar Kalifoniya. Nan ta riƙa yin wanki da guga a gidajen masu hali, ta fita tun da sassafe, ba ta komowa sai dare. Da ta tara ɗan abin da ta tara, ita da danginta suka sayi gida a wata unguwa ta farar fata. Maƙwabta ba su so ba, suka yi ta neman hanyar da za su tashe su, amma Mallie ta ƙi gusawa. Ko da ya ke Kalifoniya ba ta kai kudu tsanani ba, duk da haka wurin iyo na garin rana ɗaya tak a mako a ke barin yaran baƙar fata su shiga.

Jackie ya tashi yaro mai zafin zuciya, ba ya barin ko-ta-kwana. Ya shiga cikin wasu yaran unguwa marasa jin magana, suna jifar motoci da ɓurɓushin ƙasa, suna satar 'ya'yan itace a wurin masu sayarwa. Sai wani makanike mai suna Carl Anderson ya kira shi gefe, ya nuna masa cewa bin ayari ido rufe halin tumaki ne, kuma abin da ya ke yi zai karya zuciyar uwarsa. Bayan wannan wani saurayin fasto, Karl Downs, ya ja shi a jiki, ya riƙa yi masa nasiha. Jackie ya ji, ya rabu da yaran nan, ya mai da hankalinsa ga makaranta da wasanni.

Gidansu kuwa gidan masu gudu ne. Wansa Mack ya tafi wasannin Olamfik da aka yi a Balin, babban birnin Jamus, cikin 1936, ya zo na biyu a tseren mita 200, ba wanda ya riga shi sai Jesse Owens. Amma da ya komo gida da lambar azurfa, aikin da ya samu shi ne sharar titi. Jackie ya ga wannan da idonsa, bai manta ba.

JAMI'A DA SOJA

Cikin 1939 Robinson ya shiga Jami'ar Kalifoniya da ke birnin Los Angeles. Shi ne ɗalibi na fari a wannan jami'a da ya sami lambar yabo a wasanni huɗu, watau ƙwallon kwando, da ƙwallon zari-ruga irin na Amurka, da guje-guje da tsalle-tsalle, da besbol. Cikin 1940 ya cinye gasar dogon tsalle ta jami'o'in ƙasar, ya tsallake ƙafa 24 da inci 10. Abin mamaki, a lokacin nan besbol shi ne wasan da ya fi rauni a cikinsa. A nan ne kuma ya sadu da Rachel Isum, mai koyon aikin jiyya, wadda ya aura daga baya cikin 1946.

Ya bar jami'a cikin 1941 bai ƙare ba. Shekarar da ta biyo aka ɗauke shi soja, gama ana cikin Yaƙin Duniya na Biyu, wanda tsofaffi ke kira Yaƙin Hitila. Da fari an ƙi barin baƙar fata na barikinsu su shiga makarantar hafsoshi, sai da shahararren ɗan damben nan Joe Louis, wanda shi ma soja ne a wurin, ya sa baki. Cikin Janairu 1943 Robinson ya zama hafsa.

Ran 6 ga watan Yuli 1944 ya shiga bas ta soja a wani bariki a jihar Texas. Direba ya ce ya tashi ya koma kujerar baya. Robinson ya san hukumar soja ta riga ta hana irin wannan bambanci a motocinta, saboda haka ya ƙi tashi. Aka kira 'yan sandan soja, aka kama shi, aka kai shi kotun soja. Hafsoshi tara suka saurari shari'ar, suka ga ba shi da laifi, suka sallame shi. Wannan ya faru shekara 11 kafin Rosa Parks ta ƙi tashi daga kujerarta a bas a garin Montgomery, abin da ya girgiza Amurka duka.

ALKAWARI MAI WUYA

A zamanin nan manyan ƙungiyoyin besbol na Amurka 16 ne, an kasa su rukuni biyu, kowane da takwas. Tun bayan 1884 babu baƙar fata ko ɗaya da ya yi wasa a cikinsu. Ba a rubuta wannan a doka ba, masu ƙungiyoyin ne suka haɗa baki a kai. Don haka baƙar fata suka kafa nasu ƙungiyoyi, suka fid da gwanaye irin su Satchel Paige, mai jifa, da Josh Gibson, mai bugu. Cikin 1945, bayan ya bar soja, Robinson ya shiga ɗaya daga cikinsu, Kansas City Monarchs, ana biyansa dala 400 a wata. Wurinsa tsakanin zango na biyu da na uku. Zaman da wuya, kullum suna kan hanya cikin bas, sau da yawa ba masaukin da zai karɓe su, ba gidan abincin da zai bar su su zauna.

To, akwai wani dattijo farar fata mai suna Branch Rickey, shi ne shugaban ƙungiyar Dodgers ta Brooklyn, a birnin New York. Ya kan ba da labarin wani ɗalibinsa baƙar fata da aka hana ɗaki a masauki tun yana saurayin malamin wasa, ya iske shi yana kuka yana murza fatar hannunsa. Abin ya tsaya masa a rai shekara da shekaru. Ban da wannan, Rickey mai wayo ne. Ya san akwai gwanaye cikin baƙar fata, ya san kuma in ya ɗauke su ƙungiyarsa za ta yi ƙarfi, 'yan kallo kuma za su ƙaru. Sai ya aika mutanensa a ɓoye su nemo masa wanda za a fara da shi. Wani ɗan jarida baƙar fata, Wendell Smith, yana cikin waɗanda suka ambaci Robinson.

Ran 28 ga watan Agusta 1945 aka kawo Robinson ofishin Rickey, suka yi wajen sa'a uku suna magana. Rickey ya riƙa kwaikwayon mutanen da Robinson zai gamu da su. Ya zama mai masauki mai korar baƙo, ya zama ɗan kallo mai ashar, ya zama abokin karawa mai kai naushi. Ya zazzage shi a fuska, don ya ga yadda zai yi. Robinson ya tambaye shi ko matsoraci ya ke nema. Rickey ya amsa cewa jarumi ya ke nema, wanda jaruntakarsa ta kai ya daure bai rama ba.

Dalilin Rickey a fili ya ke. In Robinson ya rama ko sau ɗaya, faɗa ya tashi a fili, masu ƙin abin za su ce ga shi nan, baƙar fata da farar fata ba su iya wasa tare, sai a sake rufe ƙofa shekaru masu yawa. In kuwa ya kasa a wasa, za su ce baƙar fata ba su kai ba. Kaya biyu ke nan a kan mutum guda, ya danne zuciyarsa, ya kuma yi fice. Robinson ya yi shiru ya yi tunani, sa'an nan ya ɗauki alkawari.

SHEKARA GUDA A MONTREAL

Aka fara tura shi wata ƙaramar ƙungiya ta Dodgers, mai suna Royals, a birnin Montreal na ƙasar Kanada. Da suka tafi jihar Fulorida don su motsa jiki kafin lokacin wasa, wasu garuruwa suka kulle filayensu don kada ya shiga. Amma ran 18 ga watan Afrilu 1946, ranar wasansa na fari, ya tsaya bugu sau biyar ya dace sau huɗu, a cikinsu har da wanda ya fid da ƙwallo bayan shinge. A ƙarshen shekara shi ya fi kowa bugu a rukuninsu, lissafinsa ya kama 349 cikin 1000. Royals suka zama zakaru. Mutanen Montreal suka so shi ƙwarai, har ranar wasan ƙarshe suka bi shi a guje cikin titi suna murna.

SHEKARAR 1947

Da aka ji Rickey zai kawo shi Dodgers, wasu 'yan wasan ƙungiyar suka shirya takarda, suna neman a sa hannu a kan ba za su yi wasa da shi ba. Manajansu Leo Durocher ya tara su da dare, ya yi musu faɗa, ya ce duk wanda bai yarda ba za a sallame shi. Maganar takarda ta mutu.

Ran 15 ga watan Afrilu 1947 Robinson ya fito filin Ebbets a Brooklyn, sanye da riga mai lamba 42, ya tsaya a zango na ɗaya. Shekarunsa 28. 'Yan kallo 26,623 suka halarta, fiye da rabinsu baƙar fata. Dodgers suka ci Boston Braves 5 da 3. Josh Gibson, wanda ya daɗe ana cewa ya cancanci irin wannan rana, bai gan ta ba, gama ya rasu wata uku kafin nan.

Ba a daɗe ba abin da Rickey ya faɗa ya soma aukuwa. Da ƙungiyar Philadelphia ta zo, manajanta Ben Chapman da mutanensa suka yi ta zagin Robinson daga farkon wasa har ƙarshe, suna cewa ya koma gonar auduga. Masu jifa suka riƙa auna jikinsa, ƙwallo ya same shi sau tara a shekarar. Wani ɗan wasan St. Louis ya taka masa ƙafa da takalmi mai ƙusoshi. Aka riƙa aiko masa wasiƙu ana cewa za a kashe shi. A wasu garuruwa 'yan'uwansa su sauka a babban masauki, shi kuwa a nema masa wani wuri. Robinson ya cije. Sau da yawa barci ba ya ɗaukarsa da dare, sai matarsa Rachel ta zauna tana ba shi magana. Amma a fili bai ɗaga wa kowa hannu ba.

Sannu a hankali sai zukatan 'yan ƙungiyarsa suka juya. Eddie Stanky, wanda da bai yi murna da zuwansa ba, ya kasa jure zagin mutanen Philadelphia, ya daka musu tsawa, ya kira su matsorata masu cin zalin wanda aka ɗaure wa hannu. Pee Wee Reese, mutumin jihar Kentucky, ya zama amininsa. Ashe zagin da aka yi don a raba su, shi ne ya haɗa kansu.

Ramuwar Robinson da ƙafafunsa ya yi ta. A besbol akwai abin da a ke kira satar zango, ba kuwa abin kunya ba ne, dabara ce da doka ta yarda da ita. Mai gudu ya kan faki idon mai jifa, ya zabura zuwa zango na gaba tun ba a yi bugu ba. Robinson ya kan ɗan janye daga zango yana rausaya, kamar zai tafi kamar ba zai tafi ba, har mai jifa ya rikice. A wannan shekara ya saci zango sau 29, ya fi kowa a rukuninsu, ya kuma komo gida sau 125. Aka ba shi lambar sabon ɗan wasa da ya fi kowa, shi ne na fari da ya taɓa samunta. Dodgers suka zama zakarun rukuninsu. Tun cikin watan Yuli na shekarar ƙungiyar Cleveland ta ɗauki wani baƙar fata, Larry Doby, wasu kuma suka biyo baya.

GANIYAR WASANSA

Cikin 1948 aka mai da Robinson zango na biyu, nan ne kuwa gwanintarsa ta fi bayyana. Shi da Reese suka zama kamar Hasan da Husaini. Akwai wata dabara ta fid da mutum biyu a bugu guda. Reese ya tsince ƙwallo ya miƙa wa Robinson, shi kuma ya taka zango na biyu, ya yi tsalle ya kauce wa ƙusoshin mai zamowa, ya jefa zango na ɗaya tun mai bugu bai isa ba. Cikin 1951 Robinson ya sa hannu a irin wannan sau 137.

Da shekarar 1949 ta kama, Rickey ya ga ƙofa ta buɗe sosai, sai ya kwance masa alkawari. Daga nan Robinson ya riƙa faɗin abin da ke ransa. In alƙalin wasa ya yi kuskure ya gaya masa, in aka zage shi ya mai da martani, in masauki ya nuna bambanci ya fito ya faɗa. Wasu da ke yabonsa sa'ad da ya ke shiru suka koma suna cewa ya cika baki, amma bai fasa ba. A wannan shekara lissafin bugunsa ya kai 342 cikin 1000, ya saci zango sau 37, aka zaɓe shi ɗan wasan da ya fi kowa daraja a rukuninsu.

Kowace shekara zakarun rukuni biyu su kan yi karon ƙarshe. A cikin shekara goma da Robinson ya yi da Dodgers sun kai wannan karo sau shida, kullum kuwa da ƙungiyar Yankees ta New York suka gamu. Sau biyar ana ka da su. Amma cikin 1955 suka yi nasara. A wasan fari na wannan karo, Robinson yana da shekara 36, ya zabura daga zango na uku ya saci gida, abin da ya fi kowace sata wuya, gama ƙwallo da mai gudu wuri guda suka nufa. Ban da wannan, ya taɓa satar gida sau 19. A shekarunsa na ƙarshe ya fi tsayawa a zango na uku, wani lokaci kuma a bayan fili.

BAYAN YA BAR WASA

A ƙarshen 1956 Dodgers suka sayar da shi ga ƙungiyar Giants, amma bai je ba, ya bar wasa cikin Janairu 1957. Ya zama mataimakin shugaba a wani kamfanin gahawa a New York, yana lura da sha'anin ma'aikata. Ya zaga ƙasar yana tara wa ƙungiyar NAACP kuɗi, watau ƙungiyar da ke neman haƙƙin baƙar fata. Cikin 1963 ya halarci babban taron da Martin Luther King ya yi jawabi a birnin Washington. Cikin 1964 ya taimaka aka kafa banki a unguwar Harlem, domin baƙar fata su sami rance su yi sana'a. A wannan shekara ce aka yi dokar da ta hana nuna bambancin launin fata a masaukai da wuraren aiki. Kafin nan, cikin 1962, an shigar da sunansa zauren tunawa da gwanayen besbol a garin Cooperstown, shi ne baƙar fata na fari da ya shiga.

Amma jikinsa ya gaji da wuri. Ciwon sukari ya kama shi, gashinsa ya yi fari fat, idanunsa suka kusa mutuwa. Cikin 1971 babban ɗansa ya rasu a haɗarin mota. Ran 15 ga watan Oktoba 1972 aka gayyace shi filin wasa a Cincinnati don a girmama shi. Ya yi godiya, amma ya ce murnarsa ba za ta cika ba sai ran da ya ga baƙar fata ya zama manajan babbar ƙungiya. Bayan kwana tara, ran 24 ga watan Oktoba, zuciyarsa ta buga, ya rasu yana da shekara 53. Aka binne shi a Brooklyn. Abin da ya yi fata ya tabbata cikin 1975, sa'ad da Frank Robinson ya zama manajan Cleveland. Suna ne kawai ya haɗa su, ba dangi ba ne. Matarsa Rachel kuwa ta kafa gidauniya da sunansa cikin 1973, don taimakon ɗalibai su yi karatun jami'a.

Cikin 1997, shekara 50 da fitowarsa ta fari, aka yanke cewa ba za a ƙara ba wani ɗan wasa lamba 42 ba a manyan ƙungiyoyi duka. Tun daga 2009 kuma, kowace ran 15 ga watan Afrilu, 'yan wasa duka, baƙi da fari, su kan fito sanye da lamba 42.

Hausawa na cewa mahaƙurci mawadaci. Haƙurin Robinson ba irin na rago ba ne, gama ya nuna tun yana soja ba ya yarda da wulakanci. Yana da ƙarfin ramawa, yana da zuciyar ramawa, amma ya daure shekara biyu a Brooklyn saboda waɗanda ke bayansa. Ya haɗa haƙurin nan da ƙwazo a kan aikinsa, har maƙiyansa suka rasa abin faɗi. Da lokacin magana ya yi kuma, ya yi magana ba tsoro.

TAMBAYOYI

1. Mutum nawa ne 'yan cikin fili a wasan besbol, kuma mene ne aikinsu?
2. Su wa suka raba Jackie da yaran banza sa'ad da ya ke yaro?
3. Me ya sa aka kai Robinson kotun soja, kuma yaya shari'ar ta ƙare?
4. Wane alkawari ya yi wa Branch Rickey? Don me Rickey ya nemi wannan alkawari?
5. Mece ce satar zango?
6. Me a ke yi ran 15 ga watan Afrilu a kowace shekara?
7. Rubuta jimla biyar a kan bambancin da ke tsakanin haƙuri da tsoro.